Bello huɗu a akwati ɗaya: takwara ne ko ɗan'uwa?

Wani ɗalibi ɗan unguwar Birni, nan Damagaram, ya aiko da wannan tambaya: "Baba Malam, barka da war haka. Na gaji akwatin littattafan kawuna, Allah ya jiƙansa. Huɗu daga ciki duk sunan Bello ne a bangonsu: Infaƙul Maisuri, da Ganɗoki, da wani na Ingilishi mai suna My Life, da wani ɗan ƙaramin littafin hukunce-hukuncen salla da aka rubuta 'na Shaihu Bello' kawai. Mutum ɗaya ne ya rubuta su, ko 'yan gida ɗaya ne? In na yarda da ɗaya, in yarda da sauran?"

Ɗana, Allah ya jiƙan kawunka, ya sa littattafan nan su zame masa sadaka mai gudana. Uku na farko mutum uku ne daban-daban suka rubuta su, kuma tsakanin na farkonsu da na ƙarshensu shekara 150 ce cif. Biyu daga cikinsu jini ɗaya ne, ɗaya kuwa takwara ne kawai. Na huɗun ka ɗan ajiye shi gefe tukuna, shi ne ya fi damuna, zan komo kansa.

Infaƙul Maisuri na Muhammadu Bello ne, ɗan Shehu Usmanu ɗan Fodiyo. Ya rubuta shi da Larabci a 1812, tun mahaifinsa yana da rai, shekara biyar kafin ya zama Sarkin Musulmi a 1817. Ya rasu a Wurno a 1837. Littafin tarihi ne: ya fara da bayanin ƙasashe da malaman da suka gabata, sannan ya shiga labarin Shehu da yaƙe-yaƙen jihadi, waɗanda da yawa da shi aka yi su. Tunda kai ɗan Damagaram ne, ka lura da wasiƙun da ya kawo na muhawararsu da Shehu Laminu na Barno, inda Laminu yake tambayar dalilin da ya sa ake yaƙar mutanen da ke salla da azumi. A wancan zamanin ƙasarmu ɓangaren Barno take, can muke kai gaisuwa, ba Sakkwato ba. Saboda haka ka karanta shi da sanin cewa mai ba da labarin yana cikin masu shari'ar. Wannan bai rage masa daraja ba, ai da bai kawo maganar abokin muhawararsa ba da ba mu ji ta haka ba, amma dai ka san ta wace ƙofa ka shigo.

Ganɗoki kuwa ƙagaggen labari ne da Hausar boko, na Malam Bello Kagara, wanda daga baya ya zama Walin Katsina. Ya fito ne daga gasar rubuta labarai ta 1933 da Bature Rupert East ya shirya a Zariya. Labarin wani jarumi ne da ya fara da yaƙe-yaƙen Kwantagora da zuwan Turawa, can kuma sai ya ɓulla ƙasashen aljannu. A nan ne mutane suke yin tuntuɓe, domin shi ma cikakken sunansa Muhammadu Bello ne. Na taɓa shiga wani ɗakin karatu, ba sai na faɗi wanne ba, na jawo akwatin katunan sunayen marubuta, sai ga Ganɗoki da Infaƙu a kati ɗaya, a ƙarƙashin "Bello, Muhammadu", har an ɗora shekarar rasuwa 1837. Na ce wa mai tsaron wurin, yallaɓai, mutumin da aka binne a 1837 yaya aka yi ya ba da labarin Turawan da suka ci Kwantagora a 1901? Ya ɗaga katin ya duba, ya mayar, ya ce haka ya tarar. Ban sani ba ko an gyara.

Ga abin da zai ba ka dariya. Shi wannan Bello Kagara yana da ƙane wanda ya shiga gasar tare da shi, ya rubuta Ruwan Bagaja, daga baya ya rubuta Magana Jari Ce, ya kuma zama editan Gaskiya Ta Fi Kwabo a 1939. Sunansa Abubakar Imam. Wa da ƙane ne, amma babu kalma ɗaya da ta haɗa sunayensu a bango. Wanda yake bin sunan ƙarshe zai haɗa Bello Kagara da Sarkin Musulmi, da ba su haɗa gida ba, ya raba shi da ɗan'uwansa na jini. Kuma kowannensu bai tsaya a fanni ɗaya ba: Imam ya yi ƙagaggun labarai, ya yi littafin tafiyarsa Ingila, ya rubuta tarihin Annabi, tsira da aminci su tabbata a gare shi, wan nasa kuma ya rubuta tarihin rayuwar Sarkin Katsina Muhammadu Dikko. In kana neman gidan da addini da tarihi da tarihin rayuwa da ƙagaggen labari suka fito daga ciki, ga shi nan, sai dai sunan ƙarshe ba zai kai ka ƙofarsa ba.

Na ukun, My Life, tarihin rayuwar Ahmadu Bello Sardaunan Sakkwato ne da bakinsa, an buga shi a Ingila a 1962, shekara huɗu kafin a kashe shi a watan Janairun 1966. A nan sunan bai yi ƙarya ba. An haife shi a Rabah, mahaifinsa Ibrahim hakimin garin ne, salsalarsa kuma tana komawa ga Muhammadu Bello mai Infaƙu. Amma littafin ɗan siyasa ne da yake kan mulki lokacin da ya rubuta shi, da wannan idon za ka karanta shi. Jinin kaka ba ya mayar da shi littafin malanta.

Tushen ruɗanin shi ne mun ari wata al'ada da ba tamu ba. A wurin Turawa sunan ƙarshe na gida ne, ɗa ya gada, jika ya gada, mata ma ta ɗauka. Shi ya sa suka tsara kantocin littattafansu da shi, kuma yakan yi musu aiki, ko da yake su ma sukan sha wuya: 'yan lakwal sun san Alexandre Dumas biyu ne, uba da ɗa, sai an ƙara kalma ake rarrabe su. Mu kuwa abin da ke zuwa bayan sunan yanka yana iya zama komai. Wani sunan ubansa ne, ɗansa kuma zai ɗauki nasa sunan, na kakan ya faɗi. Wani sunan garinsu ne. Dubi marubutan gasar nan ta 1933: Kagara gari ne, Gwarzo gari ne, Tafawa Ɓalewa gari ne, Wusasa ma haka. Shaihu Abubakar Mahmud Gumi, wanda ya fassara Alƙur'ani da Hausa ya kuma rubuta tafsirin Raddul Azhan, ya rasu a 1992, sunan garin Gummi ya ɗauka, saboda haka ba duk mai wannan suna ne ɗan gidansa ba. Wani kuma sarauta ce ko muƙami: Wali, Waziri, Tafida, Liman. Akwai Alhaji Umaru, haifaffen Kano da ya zauna a Salaga da Kete-Karaci a ƙasar Gana ta yau, ya rasu a 1934, masana suna kiransa Imam Umaru. Limanci ne ya ba shi sunan, babu abin da ya haɗa shi da Abubakar Imam. Bello kuwa sunan yanka ne tsantsa, wanda ake raɗa wa yara kullum daga nan har Adamawa.

Mu nan Nijar muna da namu ƙarin ciwon kai. Mushe ya rubuta sunan yaro ranar shiga lakwal yadda kunnensa ya ji, da haruffan Faransanci, ya biyo da sunan uba, takarda kuma ta bi yaron har kabari. Muhammadu ɗaya sai ya zama Mahamadou a wata takarda, Mamadou ko Mahamane ko Maman a wata. Wani lokaci kuma a juya sunayen. Marubucin Sarraounia, littafin da ya fito a 1980 kan sarauniyar Lugu da ta tsaya wa rundunar Faransawa ta Voulet da Chanoine, za ka gan shi Abdoulaye Mamani a wani wuri, Mamani Abdoulaye a wani. Mutum ɗaya ne, ya yi zama a garin nan, ya rasu a haɗarin mota a 1993. Shugaban ƙasa na farko ma ana rubuta shi Diori Hamani ana rubuta shi Hamani Diori, kuma wannan Hamanin bai isa hujjar haɗa shi gida ɗaya da Djibo Hamani, masanin tarihin Adar da Abzin, ba. Haka Salifou: André Salifou, haifaffen Damagaram a 1942, shi ya rubuta tarihin sarautar Damagaram a ƙarni na 19, wanda ya fito a 1971, da wasan kwaikwayo kan Sarki Tanimun, jami'ar garin nan kuma sunansa take ɗauke da shi yanzu. Amma ka tsaya a bakin Kasuwar Dole ka ƙwala kiran Salifu ka ga mutum nawa za su waiwayo.

Kakanninmu ba su ruɗe ba, domin da laƙabi suke aiki. Sarakuna biyu a jere a fadar nan duk Amadu ne, amma babu tsohuwar da za ta haɗa Amadu Kuran Daga, wanda a zamaninsa aka kashe hafsan sojan Faransa Cazemajou a 1898, da Amadu Ɗan Basa da Faransawa suka tuɓe a 1906. Laƙabin shi ne ainihin sunan da ke rarrabewa. Takardar boko ce ta yar da shi ta riƙe ɓawon.

In kana nema a intanet ma ka tuna da wannan. Shehu ɗaya ne, amma 'yan Faransanci suna rubuta Ousmane dan Fodio, 'yan Ingilishi Usman dan Fodio, masu bin Larabci Uthman ibn Fudi, kowane rubutu kuma littattafai daban yake fito maka da su. Ka gwada duka ukun.

Inda abin ya fi nauyi shi ne littattafan addini, domin a ƙagaggen labari in ka ɓata sunan marubuci kunya kawai za ka ji, a fiƙihu kuwa kana iya jingina wa malami fatawar da bai yi ba. Ni kaina na sha wannan kunyar a farkon zamana a shagon littattafai. Wani dattijon malami ya aiko almajirinsa da 'yar takarda, an rubuta "Ibnu Hajar" da tawadar allo, da kuɗi a ƙulle a bakin riga. Na miƙa hannu kanta na zaro Azzawajir, na kaɗe ƙura, na naɗe a takarda na ba shi. Bayan azahar sai ga yaron ya dawo, gumi har wuya, littafin a kansa. Ya ce, Malam ya ce a gaishe ka, wai ya aika a kawo masa mutumin Alƙahira an kawo masa mutumin Makka. Bulugul Maram yake so. Ibnu Hajar biyu ne. Al'asƙalani, mai Fathul Bari sharhin Bukhari da Bulugul Maram da Al'isaba kan tarihin sahabbai, a Alƙahira ya rasu a shekara ta 852 bayan hijira. Alhaitami, mai Azzawajir da Tuhfatul Muhtaj, a Makka ya zauna, ya rasu fiye da shekara ɗari bayan na farkon. Na biya wa yaron kuɗin ruwan sanyi, tun daga ranar kuma ban ƙara miƙa littafi ba sai na tambayi wanne.

Irinsu suna da yawa. Ibnu Kasir mai tafsiri da Albidaya wan Nihaya, wanda ya rasu a 774, ba shi ne Ibnu Kasir na Makka mai ƙira'a ba, wannan ya rasu tun 120. Ibnul Arabi alƙali Bamalike, mai Ahkamul Ƙur'an, ya rasu a 543. Muhyiddin Ibnu Arabi, babban sufi mai Futuhatul Makkiyya, ya rasu a 638. Na ga matasa biyu sun kusa ba hammata iska a kan "Ibnul Arabi ya ce", alhali kowa da wanda yake nufi. Wanda ya fi shafarmu mu Malikawa shi ne Ibnu Rushdi, kaka da jika, dukansu alƙalan Ƙurɗuba. Kakan, mai Albayan wat Tahsil da Almuƙaddimat, ya rasu a 520, a shekarar kuma aka haifi jikan, mai Bidayatul Mujtahid, wanda Turawa suka sani da falsafa, ya rasu a 595. In ka ji "Ibnu Rushdi ya ce" a Mukhtasar na Khalil da sharhohinsa, kakan ake nufi. Ɗalibai da yawa jikan kaɗai suka sani, sai su tafi Bidaya neman maganar su rasa, su ce malam ya yi kuskure.

Akwai kuma gidan da sunan ya haɗa su da gaskiya, kowa da fanninsa. 'Ya'yan Asir uku ne, uba ɗaya, mutanen Mausil. Majduddin ya yi hadisi, shi ne mai Jami'ul Usul, ya rasu a 606. Izzuddin ya yi tarihi da tarihin mutane, shi ne mai Alkamil da Usdul Gaba, ya rasu a 630. Liya'uddin ya yi adabi da balaga, shi ne mai Almasalus Sa'ir, ya rasu a 637. Duka ukun "Ibnul Asir" ake rubutawa a gadon bayan mujalladi. Malaman hadisi sun daɗe da ganin wannan rami, har suka ware masa fanni guda, Almuttafiƙ wal Muftariƙ, wato mutanen da suna ya haɗa amma zati ya raba. Khaɗib na Bagadaza, wanda ya rasu a 463, yana da littafi sukutum a kai. Maganinsu kuwa shi ne wanda nake ba ka: ɗan wane ne, mutumin ina ne, wa ya karantar da shi, yaushe ya rasu.

Gidan Shehu ma haka ne. Fodiyo laƙabin mahaifinsu ne, kalmar Fulatanci ce mai nufin malami, saboda haka "ɗan Fodiyo" mutum biyu ne a fagen rubutu: Shehu Usmanu, wanda aka haifa a Maratta a ƙasar Gobir a 1754, cikin Nijar ta yau, da ƙanensa Abdullahi na Gwandu. Ihya'us Sunna da Nurul Albabi da Bayanu Wujubil Hijra na Shehu ne. Tazyinul Waraƙati na Abdullahi ne. Ga 'yar dabarar da ke taimakon mai saye: Abdullahi yana son buɗe sunan littafi da kalmar Liya'u, kamar tafsirinsa Liya'ut Ta'awili da Liya'ul Hukkami da ya rubuta a Kano. Alama ce dai, ba hukunci ba. 'Ya'yan Shehun kuwa, Muhammadu Bello da Nana Asma'u, mai waƙoƙi da Larabci da Fulatanci da Hausa, ba kasafai za ka same su a ƙarƙashin harafin Fodiyo ba. Gida ɗaya, kanta uku.

Su waɗannan magabata ba sa barin ka cikin duhu in ka buɗe littafin. Ɗauko Infaƙun kawunka ko wani littafin Shehu, ka tsallake bango, domin bango aikin mai maɗaba'a ne. Bayan Bisimilla da salati marubucin yakan faɗi sunansa da na ubansa. Shehu yakan ce shi ne Usmanu ɗan Muhammadu ɗan Usmanu, wanda aka sani da ɗan Fodiyo. Ka juya ƙarshe kuma, sau da yawa za ka tarar da shekarar da aka gama rubutawa. In tsohon rubutun hannu ne na gafaka, ka kula: sunan da ke ƙarshe wani lokaci na mai kwafa ne, yana roƙon a yi masa addu'a shi da iyayensa. Na sha ganin an ɗauki magatakarda an mai da shi mawallafi. A littafin boko kuwa bayan shafin farko ake duba, inda aka sa maɗaba'a da gari da shekarar bugun farko.

Maganar ko ka yarda da sauran in ka yarda da ɗaya, a'a. Ko da mutum ɗaya ne ya rubuta su, ba a auna ƙagaggen labari da mudun tarihi. Ganɗoki ya ambaci sarakuna da garuruwa na gaskiya, amma kada ka kai shi gaban malamin jami'a a matsayin hujja kan yadda aka ci Kwantagora. Infaƙu hujja ce, ta wanda ya gani da idonsa kuma yake da ɓangare. Littafin Sardauna hujja ce kan yadda yake kallon kansa da zamaninsa. Ni da zan ba ka shawara, fara da Ganɗoki don daɗin Hausarsa, dare biyu ka gama. Infaƙu kuma ka nemi wanda ya iya Larabci ku zauna a kai a hankali.

Saura ɗan ƙaramin nan na salla. "Na Shaihu Bello", babu uba, babu gari, babu shekara. Muhammadu Bello ya rubuta littattafai masu yawa kan addini da mulki har da magani, saboda haka ba zan ce daga nan ba nasa ba ne. Amma irin waɗannan 'yan ƙananan littattafai da ake ɗaukowa daga Kano a buhu, wasu na malamai ne na zamaninmu masu wannan suna, wasu tsinto su aka yi daga Ahalari da Ishmawi da Iziyya aka haɗa, wasu kuwa mai bugawa ne ya ga babban suna yana sayar da kaya ya bar shi a dunƙule da gangan. Yana iya zama duk abin da ke ciki daidai ne. Sai dai kada ka gyara sallarka ko ta wani da shi, kada kuma ka ce "Sarkin Musulmi Bello ya ce", sai ka kai wa malaminka ya gwada shi da Risala. In da Hausar boko aka rubuta shi kuma ba a ambaci mai fassara ba, wannan kaɗai ya isa ya sa ka dakata, domin a zamanin mai Infaƙu da haruffan Larabci ake rubutu. Ka zo da shi ranar Alhamis in ka shigo kasuwa, bayan la'asar ina shago, mu buɗe shafin farko tare.